Latin, Girkanci, ko Tushen Kalmomi Kawai: Wanne Ya Cancanci Lokacinka?

Wanda ya taɓa zama a kotu ya ji lauya ya miƙe yana cewa *audi alteram partem*, ko ya leƙa katin asibiti ya ga sunan ciwo mai tsawo kamar igiyar guga, ya riga ya haɗu da harsuna biyun nan da ake cewa sun mutu, wato Latin da tsohon Girkanci. Hatta sunayen watannin da muke lissafi da su na Rumawa ne: Yuli sunan Julius Kaisar, Agusta sunan magajinsa Augustus, Satumba zuwa Disamba kuma lambobi ne na Latin daga bakwai zuwa goma. Alƙalami, falsafa da dirhami sun iso mana ta Larabci, amma asalinsu Girkanci ne, dinari kuwa Latin.

Masu tambaya a kan koyon harsunan nan iri-iri ne. Akwai ɗalibin lauya da ya gaji da haddar abin da bai san ma'anarsa ba, akwai mai shirin likitanci, akwai mai karatun Littafi Mai Tsarki da yake son ganin nassi da harshensa na asali, akwai kuma wanda ya sha Nahawu a zaure har sha'awar falsafa ta kama shi. Hanyoyi huɗu ne a gabansu: Latin, tsohon Girkanci, koyon tushen kalmomi ba tare da nahawu ba, ko digiri sukutum a fannin.

Ma'aunan da za mu yi awo da su

Na farko shi ne abin da hanyar za ta buɗe maka, wato me za ka iya karantawa ko aikatawa wanda da ba ka iyawa. Sai wahala, sai kuɗi da lokaci. Na huɗu shi ne daɗewa: idan ka ajiye littafin shekara biyu, me zai rage a kanka? Na ƙarshe kuma haɗari, wato inda mutane suka fi yin asarar wahalarsu.

Akwai ma'auni ɗaya da na cire da gangan. An daɗe ana tallar Latin da cewa yana wasa ƙwaƙwalwa, wai wanda ya iya shi lissafi da tunani za su zo masa da sauƙi. Tun a shekarun 1920 masanin halayyar ɗan Adam na Amurka Edward Thorndike ya gwada wannan da'awa a kan ɗaliban sakandare, bai ga wani fifiko na a zo a gani ba. A 2003 Ludwig Haag da Elsbeth Stern suka duba ɗalibai masu jin Jamusanci da ke koyon Sifaniyanci, sai suka tarar waɗanda suka fara da Faransanci sun fi waɗanda suka fara da Latin ƙarancin kuskure. Dalilin da ya sa ɗaliban Latin kan yi fice a makarantun Turai shi ne galibi 'ya'yan masu hali ne ko waɗanda dama can masu ƙoƙari ne suke ɗaukarsa. Jami'o'in Oxford da Cambridge ma sun daina sharɗanta Latin ga mai neman shiga tun 1960. Saboda haka idan wasa ƙwaƙwalwa kake nema, Nahawu da lissafi suna nan kusa da kai, ba sai ka je Rum ba.

Latin

Abin da Latin yake buɗewa ya wuce Rumawa nesa ba kusa ba. Akwai Cicero da Virgil da Tacitus, amma mafi yawan abin da aka rubuta da harshen an rubuta shi ne bayan faɗuwar daular. Fiye da shekara dubu shi ne harshen ilimi a yammacin Turai. Da shi aka tattara yawancin dokokin Sarki Justinian tsakanin 529 da 534, da shi Newton ya wallafa babban littafinsa a 1687, da shi kuma Linnaeus ya kafa tsarin sunayen tsirrai a 1753, wanda ya sa kuka ta zama *Adansonia digitata*, ɗorawa ta zama *Parkia biglobosa*. Har zuwa ƙarshen 2011, wanda ya gano sabon tsiro dole ya siffanta shi da Latin kafin masana su karɓi sunan. Afirka ma tana da kaso: Terence mutumin Kartaj ne, Apuleius da Augustine kuwa 'yan ƙasar da ake kira Aljeriya a yau ne. Littafin likitanci na Ibn Sina an fassara shi zuwa Latin a Toledo a ƙarni na 12, wasu sharhohin Ibn Rushd kuma asalinsu na Larabci ya ɓata, sai fassarar Latin ko Ibrananci ta tsira.

Ta fuskar wahala, harafi ba matsala ba ne, domin da shi muke rubuta boko. Aikin yana ƙarshen kalma. Suna yana da halaye shida na li'irabi, an kasa sunaye gida biyar, jinsi uku, fi'ili kuma gida huɗu. *Canis hominem mordet* na nufin kare ya ciji mutum. *Canem homo mordet* na nufin mutum ya ciji kare, alhali karen ne har yanzu a farkon jimla. Wannan shi ke rikita wanda Turanci kaɗai ya sani. Wanda ya yi *daraba Zaidun Amran* a gaban malam kuwa murmushi zai yi, don ya san fa'ili da maf'uli ba da wurin zamansu ake gane su ba. Bambancin kawai shi ne rafa'u da nasabu da jarru sun ƙaru zuwa shida.

Bahaushe yana da wata riba da ba a cika faɗa ba. Latin yana bambanta dogon wasali da gajere, kamar yadda muke bambanta gari na mutane da gari na tuwo. *Malum* da gajeren *a* mugunta ce, da dogo kuma tuffa. Waƙoƙin Rumawa an gina su ne a kan gaɓa mai nauyi da marar nauyi, daidai da yadda arulin Larabci da rubutacciyar waƙar Hausa suke tafiya. Abin da ɗalibin Ingila yake ƙirgawa da yatsa, kunnenka zai kama shi da kansa.

Kuɗi kaɗan ne idan kana da intanet. Tsofaffin littattafan koyo da haƙƙin mallakarsu ya ƙare suna nan kyauta, ɗakin karatu na Perseus na Jami'ar Tufts yana da nassoshi tare da ƙamus, kana taɓa kalma zai warware maka ita. Cikin na saye, littafin Wheelock mai babi 40 yana bin hanyar ƙa'ida da jadawali, na Hans Ørberg mai babi 35 kuma labari ne da Latin zalla daga shafin farko, ba fassara ko ɗaya. Ni na fi son na biyun ga wanda ba shi da malami, domin karatu yake koya maka maimakon warware jimla kamar lissafi. Duolingo yana da darasin Latin, amma gajere ne, ɗanɗano ne kawai. A ƙiyasina, awa ɗaya kullum na shekara guda zai kai ka ƙarshen nahawu, shekara ta biyu ka fara karanta rubuce-rubucen Julius Kaisar da ƙamus a gefe.

Kalmominsa suna daɗewa a kai saboda kullum kana karo da jikokinsu a Turanci da Faransanci. Jadawalin fi'ili ne ke saurin zubewa. Haɗarinsa biyu ne. Mutane da yawa suna gama littafin koyo su tsaya, ba su taɓa karanta marubuci ko ɗaya ba, kamar wanda ya haƙa rijiya ya bari saura taku ɗaya a kai ruwa. Na biyu ƙarami ne: lafazi iri biyu ne, na tsofaffin Rumawa da na Cocin Katolika mai kama da Italiyanci, ga kuma na lauyoyi wanda Turanci ya lanƙwasa. Zaɓi ɗaya ka riƙe. Af, yadda muke cewa Kaisar ya fi kusa da bakin Rumawa fiye da yadda Bature yake kiran sunan.

Tsohon Girkanci

Idan ana maganar nauyin abin da ke ciki, a ganina Girkanci ya fi. Homer, Herodotus, Thucydides, Aflatun, Aristo, Euclid, likita Jalinus, dukkansu da shi suka yi magana, Rumawa da kansu ɗaliban Girkawa ne. Ga Kirista, shi ne harshen Sabon Alkawari, wanda masu karatun Littafi Mai Tsarki da Hausa suka sani da Helenanci.

Ga almajirin zaure ma akwai zumunta. Abdurrahman al-Akhdari, mai littafin Ahalari da yaranmu suke fara fiƙihu da shi, shi ne mai *Sullam* na Mandiƙi. *Sullam* ya bi sawun *Isaguji* na al-Abhari, sunan *Isaguji* kuwa kalmar Girkanci ce, *eisagoge*, ma'ana gabatarwa, daga littafin da Porphyry ya rubuta don shiga mandiƙin Aristo. Wato wanda ya haddace jinsi da nau'i da fasali yana riƙe da igiyar da bakinta ɗaya yake Atina. A Bagadaza ta ƙarni na 9, Hunain ɗan Ishaƙ, wanda ya rasu a 873, ya fassara littattafan Jalinus masu yawa tare da almajiransa. Akwai ayyukan Girkawa da a yau sai da Larabci ake samunsu, misali kashi na 5 zuwa na 7 na littafin Apollonius a kan lissafin siffofi. Mai Larabci mai ƙarfi da ya ƙara Girkanci yana iya aikin da ƙalilan ne a duniya suke iyawa.

Amma fa akwai jan aiki. Haruffa 24 ɗin nan da suke tsorata mutane su ne mafi sauƙi, mako ɗaya ya isa, balle ga wanda ya riga ya saba da boko da ajami. Suna ma ya ɗan fi na Latin sauƙi: halaye biyar, gida uku, ga kuma harafin ta'arifi mai nuna maka li'irabin kalmar da ke biye, abin da Latin ba shi da shi. Fi'ili ne dutsen. Na Latin ana haddace shi da siffofi huɗu, na Girkanci da shida, kuma sau da yawa ba sa kama da juna: "ina ɗauka" *phero*, "zan ɗauka" *oiso*, "na ɗauka" *enenka*. Bayan ma'alumi da majahuli akwai hali na uku, na aikin da ya koma kan mai yinsa ko ya yi shi don kansa. Akwai musanna kamar na Larabci, ko da yake ba a cika amfani da shi ba. Sannan kalma tana canza farkonta, ba ƙarshe kaɗai ba, don haka sai ka ga kalma ka rasa ma inda za ka neme ta a ƙamus.

Wani abin lura shi ne Girkanci ba ɗaya ba ne. Na Homer daban, na Atina wanda Aflatun ya yi rubutu da shi daban, sai Koine, wanda ya bazu bayan yaƙe-yaƙen Iskandar na Makidoniya da ya rasu a 323 kafin Miladiyya. Koine ya fi sauƙi sosai. Sabon Alkawari gaba ɗaya kalmominsa mabambanta ba su wuce kimanin 5,400 ba, kuma guda 300 da ɗoriya da suka fi maimaituwa sun ɗauke kusan kashi 80 cikin 100 na nassin. Shi ya sa makarantun horar da fastoci, irin su TCNN da ke Bukuru, suke iya kai ɗalibi ga karanta Bisharar Yohanna cikin ɗan lokaci. Wanda ya fara da na Atina zai karanta Koine ba wuya. Wanda ya fara da Koine kuwa, ranar da ya buɗe Thucydides zai ji kamar bai taɓa shiga aji ba.

Kuɗinsa kusan ɗaya ne da na Latin, Perseus ɗin nan dai yana da shi. Jerin littattafan Loeb, kore na Girkanci ja na Latin, masu nassi a hagu da fassarar Turanci a dama, kowane ɗaya yana kai kimanin dala 30 kafin kuɗin kawowa, wanda ba ƙaramin abu ba ne a canjin yau. Lokaci kuwa, ƙara rabin abin da ka ware wa Latin. Ya fi Latin saurin gudu daga kai idan aka bar shi, domin ba ka karo da siffofin fi'ilinsa a ko'ina. Babban haɗarinsa shi ne yanke ƙauna a tsakiyar fi'ili idan babu malami. Akwai kuma kuskuren da na ga an yi: mutum ya shafe watanni yana koyon Girkanci a waya, ashe na zamani ne, na hira a kasuwar Atina.

Tushen kalmomi kawai

Wannan hanya masana fannin suna yi mata kallon raini, ni kuwa ina ganin ita ce ta dace da mafi yawan masu tambaya. Ba nahawu, ba karatun nassi. Za ka haddace saiwoyi da ɗafa-goshi da ɗafa-ƙeya 'yan ɗaruruwa. *Hepar* hanta, *nephros* ƙoda, *kardia* zuciya, *haima* jini, *-itis* kumburi, *-ektome* yankewa a cire, *hyper* sama da ƙima, *hypo* ƙasa da ita. Daga nan sunan ciwo ya daina zama dodo, sai ka datsa shi gida-gida. A likitanci sunayen sassan jiki galibi Latin ne, sunayen cututtuka da tiyata kuma galibi Girkanci, don haka ɗalibin asibiti yana bukatar kaɗan daga kowanne, ba zurfi a ɗaya ba.

Haka lauya. *Prima facie*, *locus standi*, *ex parte*, *nemo judex in causa sua*, *nemo dat quod non habet*: jimloli ne ƙididdigaggu, kuma ma'anarsu a kotu ita ce wadda hukunce-hukuncen alƙalai suka ba su, ba wadda Cicero zai fahimta ba. Shekara biyu a kan Virgil ba za ta ci maka shari'a ko ɗaya ba.

Wata biyu zuwa uku sun isa, kuɗi kusan babu, kuma yana zama a kai saboda kullum kana aiki da shi. Haɗarinsa shi ne mutum ya ɗauka ya iya harshen. Tushe yakan yaudari mai shi, domin ma'ana tana tafiya ta bar asali: Disamba "na goma" ne a lafazi, amma wata na 12 ne a kalanda.

Digiri a fannin

A Nijeriya, Jami'ar Ibadan ce gidan wannan karatu, sashen yana nan tun kafa ta a 1948. A Ghana akwai jami'o'in Legon da Cape Coast. Shekara huɗu ce, ana haɗa harsunan da tarihi da adabi da falsafa, ga malamai a gabanka, abin da sauran hanyoyin suka rasa. Sashen Ibadan ya yaye manya: Emeka Anyaoku da ya zama Sakatare Janar na ƙungiyar Commonwealth daga 1990 zuwa 2000, da Bola Ige, da mawaƙi Christopher Okigbo. A ɓangaren masu Faransanci, Senghor ya koyar da Latin da Girkanci a Faransa kafin ya shugabanci Senegal.

Sai dai a yi hattara da wannan jerin sunaye. Mutanen nan sun fito ne a zamanin da masu digiri ba su da yawa, kowane kwali yana buɗe ƙofa. Yau wanda ya fito da wannan digiri, hanyarsa koyarwa ce, ko aikin jarida da gyaran rubutu, ko ya ɗora lauya a kai, ko ya nemi tallafin ƙaro karatu a waje. Ga ɗan Arewa a haɗa da kuɗin mota da masauki da zaman nesa da gida, da kuma amsa tambayar kawu a duk hutu: "To, in ka gama wane aiki za a ba ka?" Wanda ba shi da amsar da ta gamsar da shi kansa, kada ya cike wannan gurbi a fom ɗin JAMB.

| Ma'auni | Latin | Girkanci | Tushen kalmomi | Digiri |
|---|---|---|---|---|
| Abin da yake buɗewa | Adabin Rum, doka, coci, kimiyyar Turai ta da | Falsafa, tarihi, Sabon Alkawari | Kalmomin asibiti, kotu, kimiyya | Duka, da shaidar kwali |
| Wahala | Matsakaiciya | Mai yawa, Koine da dama-dama | Kaɗan | Mai yawa, amma da malamai |
| Lokaci | Kimanin shekara 2 | Kimanin shekara 3, Koine 1 zuwa 2 | Wata 2 zuwa 3 | Shekara 4 |
| Kuɗi | Data da littafi ɗaya | Data, littafi, in da hali malami | Kusan babu | Kuɗin jami'a da zama |
| Daɗewa a kai | Kalmomi na zama, jadawali na zubewa | Yana saurin gudu | Yana zama | Ya danganta da aikin da ka samu |
| Haɗari | Tsayawa kafin karatun gaske | Karaya a fi'ili | Zaton an iya | Ƙarancin gurbin aiki |

Wa ya dace da wanne

Ɗalibin likitanci, jinya, haɗa magunguna ko aikin gona: tushen kalmomi, a hutun da ke gaban shiga aji ɗaya. Kada ka ƙara komai a kai.

Ɗalibin lauya: tushen kalmomi da jimlolin kotu. Idan tarihin doka ne ya ja hankalinka, musamman a Nijar inda dokar boko ta biyo ta Faransa, ita kuma ta sha daga ta Rumawa, to Latin yana da wurin zama.

Wanda burinsa ya iya Faransanci ko Sifaniyanci: ya tafi kai tsaye ga harshen da yake so. Latin zai yi daɗi daga baya, amma ba shi ne gajeriyar hanya ba.

Mai shirin zama fada a Cocin Katolika zai haɗu da Latin a makarantarsa ko ya so ko bai so ba, gara ya fara da wuri. Fasto, ko mai aikin fassarar Littafi Mai Tsarki zuwa harsunanmu: Koine, kuma da malami.

Mai Nahawu da Mandiƙi da ke son bin falsafar Musulunci zuwa mafarinta: Girkancin Atina, ko da zai ci shekara uku. Idan kuwa abin da ya dame shi shi ne yadda Turai ta karɓi Ibn Sina da Ibn Rushd, Latin ne abokin tafiyarsa.

Wanda sha'awa ce kawai ta kawo shi, bai san inda zai dosa ba: ya ɗauki littafin Ørberg ya yi babi goma na farko. Idan ya kai na goma yana ɗokin na sha ɗaya, ya ci gaba, Girkanci ya biyo baya bayan shekara guda. Kada ya haɗa su a wata ɗaya, jadawalansu suna cakuɗewa.